Dattijon da Ba Ya Karɓar Saƙo

Shekara huɗu na yi ina aikin akawu a wani kamfanin kago, wato na tura kaya, a unguwar Al Quoz da ke Dubai. Aikina rubutu ne. Ɗan kasuwa zai zo daga Kano ko Katsina, ya sayi kayansa a kasuwa, a kawo sitonmu, in auna, in rubuta sunansa da lambar wayarsa a jikin kwali. Daga nan kaya su koma hannun masu ɗauri, su shirya su a kwantena, mota ta ja zuwa tashar jiragen ruwa ta Jebel Ali. Ba aiki ne mai buƙatar basira ba, haƙuri kawai yake so, ni kuwa nawa kaɗan ne, duk wanda ya zauna da ni ya sani.

Shugaban masu ɗaurin wani dattijo ne Bahaushe, muna ce masa Baba, shi kuma yana ce mini Akawu. Siriri ne, gemunsa ya fara fari, ya daɗe a Dubai tun kafin in zo. Kowa da salatif yake naɗe kwali ya wuce, shi sai ya naɗe ya kuma bi da igiya, irin shuɗiyar nan ta roba, ya yi wani ƙulli nasa da ba ya kwancewa a hanya, amma in ka san kansa ja ɗaya ya isa. Ban taɓa ganin ya yanka igiya ba. In an fasa tura kaya sai ya zauna ya kwance, ya naɗe igiyar a gwiwar hannunsa, ya rataye ta a ƙusa.

Abu ɗaya ya ɓata shi a wajen mutanenmu: ba ya karɓar saƙo. Wanda bai zauna a waje ba ba zai gane girman wannan laifi ba. A nan in aka ji za ka gida, tun ana saura sati ɗakinka zai cika. Wannan turare ne na matar wane, wannan waya ce ta ɗan wane, wannan ƙulli ne kawai, ka miƙa wa wanda zai tare ka a filin jirgi. Ba a tambaya, ba a buɗewa, buɗewa ma cin fuska ne. Yau ka ɗauka wa wani, gobe a ɗauka maka. Baba kuwa duk shekara zai tafi hutu da jakarsa ɗaya, rabinta ma iska, ya ƙi ɗaukar ko allura.

Ni ma na sha nawa. Wata shekara na sayo wa mahaifiyata man shafawa na ciwon gwiwa da ɗan dabino, na ƙulla a leda, na same shi yana cin abinci a bayan sito.

«Baba, ga ɗan saƙo, na tsohuwa ne.»

«Akawu, ka yi haƙuri, ba na ɗaukar saƙo.»

«Baba, magani ne fa. Bai kai nauyin takalmi ba.»

«Allah ya ba ta lafiya. Ka saka a kago.»

A kago! Wata biyu a ruwa, ga tsohuwa tana salla a zaune. Na ɗauki ledata na tafi, amma na ajiye abin a raina. Ina cikin mutanen da ba sa faɗa, sai ajiya.

Ana nan, cikin shekara ta dubu biyu da sha takwas, ƙanena da ke koyarwa a Kano ya ga yarinya yana so. Ta gama makarantar koyon aikin jinya, suna son juna, har iyaye mata sun san da maganar. Sai da ya turo mini sunan mahaifinta na ga ashe 'yar Baba ce. Duniya kenan. Daga ranar ni da Baba muka shiga wata irin kunya. Ya san na sani, na san ya sani, amma babu wanda ya taɓa ɗaga zancen. Gaisuwarmu dai ta ƙara tsawo.

Da yake kwantena tana daɗewa a hanya, ƙanena ya matsa in fara haɗa lefe tun kafin a sa rana. Na haɗa akwati shida, atamfofi da leshi da mayafai da takalma, na kawo sito na rubuta sunan ƙanena a jiki. Baba ne ya ɗaure su da hannunsa. Ya karanta sunan, ko kuwa ya gane shi, don ba ya karatun boko sosai. Na dai lura ya ninka musu igiya biyu, ya kuma sa su a saman katako don kada su taɓa ƙasa. Aka tsayar za su bi kwantenar Talatar ƙarshen wata.

Mahaifinmu ya rasu, don haka maganar auren tana hannun baffanmu, ƙanen mahaifinmu. Shi ya kira ni ranar wata Litinin. Ya ce sun yi bincike a unguwar yarinyar kamar yadda aka saba, an yabi yarinya, an yabi uwarta. Sai dai gidan baƙi ne, daga wani gari suka taso shekarun baya, uban kuma ba a ganinsa sai lokacin hutu, babu wanda ya iya cewa komai a kansa.

«Kai kake tare da shi,» in ji Baffa. «Ka binciko mana shi. Ranar Asabar za mu zauna mu yanke ko za a kai gaisuwa. Abin da ka faɗa shi za mu ɗauka.»

Wato auren ƙanena ya dawo bakina. Na ce to.

Ranar Laraba wani Alhaji ya zo tura tayil na daɓen ɗaki. Ba kwastomanmu ba ne na kullum, kuma irin mutanen nan ne da kafin ka gama auna kayansu sun ba ka tarihin gari uku. Yana tsaye a bakin teburina ya hango Baba can cikin sito, ya sa hannu ya kare ido.

«A'a! Wannan nan yake? Ai ɗan garinmu ne. Tsohon fursuna ne fa, shekara biyar ya yi a gidan yari.»

«Me ya yi?»

«Oho. Da kaya aka kama shi a mota. Daga baya dai muka ji sun tashi daga garin. Yalla, ɗan'uwa, yi sauri ka rubuta mini in tafi.»

Iyakar binciken da na yi kenan. Ban tambayi wane irin kaya ba, ban tambayi ko alƙali ya yanke masa hukunci ba, ban nemi mutum na biyu ba. Kuma tunda rubutun gaskiya nake yi, bari in faɗa: na ji wani ɗan daɗi. Na ce a raina, ashe mai tsarkin da ba ya taɓa ledar mutane yana da nasa.

Washegari Alhamis, ana shirin tashi, Baba ya zo teburina da wasu takardu biyu a hannu. A bayan layinmu akwai wasu tsofaffin sito da aka gyara aka mayar wuraren nuna zane-zane da majigi, Turawa da Larabawa masu kuɗi ne ke zuwa. Baba yakan ɗaure musu akwatunan hotuna in za a tura waje, don sun yarda da hannunsa. Wata mata a can ce ta ba shi tikiti biyu.

«Akawu, an ce fim ne na zamanin da, tun ba a iya sa murya ba. Sai dai rubutu ya fito da Turanci. Ni ba na karantawa. Ko za ka raka ni gobe bayan la'asar ka riƙa faɗa mini?»

Tun da na san shi bai taɓa roƙona komai ba. Na yi mamakin dattijo irinsa da kallon fim, amma na ce to, don surukuta ba ta barin mutum ya ce a'a.

Ranar Juma'a da safe, ina zaune a bakin gadona a ɗakinmu na haya a Al Qusais, abokan zama suna layin wanka, na ga cewa gara in sauke nauyin Baffa kafin masallaci. Na danna waya na naɗi murya. Har yau ina iya maimaita abin da na ce. Na ce mutumin yana salla, ba ya shaye-shaye, yana riƙe aikinsa. Na ce sai dai ba shi da zumunci, ko saƙo ba ya ɗauka wa mutane. Sannan na ce an tabbatar mini ya yi shekara biyar a gidan yari, da kaya aka kama shi. «An tabbatar mini» na ce, alhali mutum ɗaya ne ya faɗa yana sauri. Na aika, na ɗauki tawul na shiga layi.

Bayan la'asar muka haɗu a ƙofar wurin. Baba ya sa farar shadda da hula, ya fesa turare kamar mai zuwa ɗaurin aure. Ciki sanyi ƙalau, kujeru ba su fi sittin ba, mu biyu ne kaɗai baƙaƙe. A gaban allon akwai fiyano, wani mutum mai doguwar suma ya zauna yana kaɗawa, shi ne duk sautin fim ɗin. An ce fim ɗin ya haura shekara ɗari da yin sa. Baƙi da fari ne, yana ɗan rawa, mutanen ciki suna tafiya da sauri-sauri kamar kaji.

Labarin wani saurayi ne mai aiki a kanti. Ɗan mai kantin ya saci jakar kuɗi, da ya ga za a kama shi sai ya zura ta a aljihun rigar saurayin. Da rubutu na farko ya fito na buɗe murya na fassara, yadda muka saba a gidan kallo a gida, inda kowa ke magana har da yi wa jarumi nasiha. Wata Baturiya a gabanmu ta juyo ta ɗora yatsa a baki. Na so in ce mata fim ɗin ma ba ya magana, me nake hana ta ji, amma Baba ya taɓa gwiwata. Daga nan na koma raɗa a kunnensa.

Aka kai saurayi gaban alƙali, aka buga guduma. Aka aske masa kai, aka sa masa riga mai ratsi-ratsi. Fursunoni suna tafiya a layi, kowa ya dafa kafaɗar na gabansa, an hana su magana, suna fasa dutse daga safe har yamma. Da aka nuna ɗakin da aka kulle shi, da ɗan gadonsa da bargo, sai Baba ya yi 'yar dariya ta hanci.

«Gado shi kaɗai? Wannan ai otal ne,» ya raɗa mini. «Mu a gefe ɗaya muke kwana. In za a juya sai a juya tare.»

Mu. Haka ya faɗa, idonsa a kan allo. Ban juya na kalle shi ba.

Da aka zo wajen cin abinci, saurayin ya zagaye kwanonsa da hannu ɗaya, ya sunkuya yana ci yana waige. Baba ya gyaɗa kai. Ya ce wanda ya shirya wannan ko ya taɓa shiga, ko ya zauna da wanda ya shiga. Sai a lokacin na tuna yadda yake cin abinci a bayan sito, ya juya wa kowa baya, hannu ɗaya a kan kwano. Shekara uku ina gani ina cewa rowa ce.

Rabin fim ɗin na biyu wa'azi ne. Aka kawo sabon shugaban kurkuku mai tausayi, ya hana duka, ya cire rigar ratsi, ya buɗe aji, ya bar fursunoni su rubuta wasiƙa gida, har da ɗan lambu. Rubutu ya riƙa fitowa da tsawo, ana cewa kurkuku wurin gyara ne, ba wurin karya mutum ba. Ina fassarawa, Baba yana cewa «to» kawai. A ƙarshe ɓarawon gaskiya ya kwanta ciwon ajali ya faɗi gaskiya. Aka kira saurayi ofis, wani babban mutum ya miƙa masa takarda mai hatimi, ya ba shi hannu. Budurwarsa tana jira a bakin ƙofa.

«Me aka rubuta a takardar?» in ji Baba.

«Wai an wanke shi. Ba shi da laifi, kowa ya sani.»

«Allah sarki. Su har takarda ake ba su.»

Aka kunna fitila, aka tafa wa mai fiyano. Muka fito rana ba ta faɗi ba, zafi ya rufe mu. Baba ya ja ni wani ɗan shagon shayi na 'yan Indiya a bakin titi, ya sayo mana kofi biyu, muka zauna a kan benci manyan motoci suna wucewa. Ya ba ni labarin ba tare da ya kalle ni ba, da murya irin ta mai karanta lissafin kwali.

Yana matashi, sabon aure, yana fataucin goro tsakanin kudu da garinsu. Wata rana a tasha wani maƙwabcinsu ya ba shi kwali ɗaure, ya ce ya kai wa ɗan'uwansa. Ya karɓa ya sa a ƙarƙashin kujera. A shingen hanya aka buɗe, kayan sata ne na wani shago da aka fasa aka ji wa mai gadi ciwo. Maƙwabcin ya rantse bai taɓa ganin kwalin ba. Aka tura Baba gidan yari jiran shari'a. Sau uku aka kai shi kotu ana ɗagawa, daga nan aka ce fayil ɗinsa ya ɓata, shi kenan aka manta da shi. Shekara biyar da wata huɗu. Babu alƙalin da ya ce ya yi, babu wanda ya ce bai yi ba. Wata rana wani babban alƙali ya zo zagayen gidan yari, aka karanta sunayen waɗanda suka daɗe, aka ce su tafi. Ya fito da rigar da ya shiga da ita. A gari kuwa yara suna nuna shi, shi ya sa ya kwashe iyalinsa suka koma Kano.

«Yarinyar ma ba ta sani ba, bayan na fito aka haife ta,» ya ce. «Matar da ta ba ni tikitin nan ta sa direbansu ya faɗa mini abin da fim ɗin ya ƙunsa. Na ce to, ga hanya. Ni bakina ba zai iya fara wannan magana da suruki ba. Na san an sa ka bincike, haka ake yi. Na so ka ji daga bakina kafin ka ba su amsa.»

Na ce, «To, Baba.» Shayin ya huce a hannuna. Kunya ta kama ni irin wadda ban taɓa ji ba, kuma ban sami ƙarfin halin faɗa masa cewa amsa ta riga ta tafi tun safe.

Muna rabuwa na ciro waya. Alamar da ke jikin saƙon ta nuna Baffa ya saurara tun kafin azahar. Na kira shi ina tsaye a gefen titi, na ba shi labarin duka, kwalin da maƙwabcin da fayil ɗin. Ya bar ni na gama, don shi mutum ne mai sauraro.

«Ya shiga ko bai shiga ba?»

«Ya shiga, Baffa, amma ba a taɓa yanke masa hukunci ba.»

«Wa ya faɗa maka?»

«Shi da kansa.»

«To. Akwai takarda?»

«Babu, Baffa.»

«Ka ga, ɗana, mu ba alƙalai ba ne. Mai yiwuwa gaskiya ya faɗa. Amma na riga na sa wa gwaggonninka muryarka sun ji, kai ka ce an tabbatar maka. Gobe in an haifi yara, da me za a yi musu gori? Allah ya haɗa kowa da rabonsa.»

Magana zarar bunu ce, na sha jin haka tun ina yaro, ban taɓa zaton ni za a yi wa misali da ita ba. Na sake kira da daddare, na kira mahaifiyata, na kira gwaggo babba. Kowa ya ce ai kai ka faɗa. Ranar Asabar suka zauna, aka aika gidan yarinyar cewa an yi istihara abin bai yi ba. Ƙanena ya yi ta fama da su wata da watanni bai ci nasara ba, ni kuma sai da aka yi wata bakwai kafin ya sake ɗaga wayata. Yarinyar ban san me aka faɗa mata ba, ban kuma taɓa tambaya ba.

Ranar Lahadi muka koma aiki, don a lokacin ita ce farkon mako a can. Baba ya gaishe ni kamar kullum. Ranar Litinin da hantsi ana shirya kayan kwantenar Talata, ya zo ya tsaya a bakin teburina.

«Akawu, akwatunan nan shida. Za su bi ta gobe, ko a sauke?»

«A sauke, Baba.»

Ya gyaɗa kai zai juya. Na miƙe tsaye.

«Baba, ni ne. Tun safiyar Juma'a na aika musu, kafin mu shiga kallon. Wani Alhaji ne ya faɗa mini.»

«Na gan ku ranar Laraba,» ya ce. «Na san shi, ya san ni. Na ɗauka za ka zo ka tambaye ni.»

Ya ɗan tsaya yana kallon takardun da ke kan teburin.

«Kada ka damu kanka da yawa. Ni ma haka na yi. Aka ba ni, na ɗauka, ban buɗe ba.»

Ya koma cikin sito. Daga inda nake ina hango shi ya durƙusa gaban akwatunan. Wani daga cikin masu ɗaurin ya miƙa masa wuƙa, ya girgiza kai. Ya bi ƙullin ɗaya bayan ɗaya, goma sha biyu, tunda ninki biyu ya yi musu, yana ja suna kwancewa. Ya naɗe igiyar a gwiwar hannunsa ya rataye a ƙusa. Sannan ya jera akwatunan a bango, ya juya gefen da na rubuta sunan ƙanena ya kalli ciki, ya ce wa mutanensa yalla, a kawo na gaba.